Sunan uba ko sunan zuri'a: wanne za a rubuta wa yaro a takarda?

Fom ɗin takardar haihuwa gurbi biyu yake da shi, wani lokaci uku. Na farko ba ya ba iyaye wahala, domin kafin a je wurin an riga an raɗa suna. A na biyun ne ake tsayawa ana juya biro. Sunan mahaifi za a sa, ko na kaka? Ko kuwa sunan garin da aka fito, ko laƙabin da aka san gidan da shi? Mafi yawan mutane abin da ya fara zuwa bakinsu suke faɗa, ma'aikaci ya rubuta ya buga hatimi. To abin da ya rubuta ɗin nan shi zai bi yaron makaranta, ya bi shi banki, ya hau fasfonsa, wata rana ya shiga takardar gado. Tun ran gini tun ran zane.

Sunan zuri'a, wato wanda jika ke gada daga kaka ba tare da ya canza ba, ba tare da shi ɗan Adam ya taso ba. Sinawa sun daɗe da shi, sama da shekara dubu biyu, amma a mafi yawan duniya baƙo ne. A Ingila sai bayan da mutanen Nomandi suka ci ƙasar da yaƙi a 1066 ya fara kafuwa, daga manyan masu filaye ya gangaro ƙasa, kuma sai wajajen 1400 akasarin gidaje suka samu nasu. A wurare da yawa ma hukuma ce ta ɗora shi da ƙarfin doka, don ta san hannun wanda za ta karɓi haraji da wanda za ta ɗauka soja. A 1849 gwamnan Sifaniyawa a Filifin, Narciso Clavería, ya sa aka buga kundin sunaye aka raba wa garuruwa, kowane gida ya ɗauki ɗaya. Shi ya sa za ka ga mutumin Filifin da sunan Sifaniyawa alhali ba abin da ya haɗa shi da su. Japan ta wajabta wa talakawanta a 1875, Tailan ta yi dokarta a 1913, Turkiyya kuma a 1934.

In ka bi diddigin waɗannan sunaye, kusan duka daga rijiya huɗu aka ɗebo su. Akwai sunan wani kaka da aka tsayar: Johnson ɗan John ne, Fernández ɗan Fernando, haka "Mac" na mutanen Sikotilan yana nufin ɗa, "O'" na Ayalan yana nufin jika. Akwai wuri: Leonardo da Vinci Leonardo ne mutumin garin Vinci, Bukhari mutumin Bukhara, Tanaka na Japanawa "tsakiyar gonar shinkafa", Yamamoto "gindin dutse". Akwai sana'a, kuma a nan maƙera sun cinye kasuwa: Smith na Ingila, Schmidt na Jamus, Ferrari na Italiya, Kovács na Hangare, Kuznetsov na Rasha, Haddad na Larabawa, duk maƙeri suke nufi. Sai laƙabi, wanda sau da yawa ma tsokana ce ta zama gado. Campbell a harshen tsoffin mutanen Sikotilan "karkataccen baki" ne, Cameron kuwa "karkataccen hanci", ga shi kuma da sunan David Cameron ya yi firaministan Birtaniya daga 2010 zuwa 2016 ba wanda ya duba hancinsa.

Wannan tarihi ne. Abin da ke gaban uba mai riƙe da biro kuwa zaɓi ne tsakanin manyan hanyoyi biyu, sauran duk rassa ne.

Hanya ta farko ita ce yaro ya ɗauki sunan yankan mahaifinsa. A ce akwai Yusuf, ya haifi Ibrahim, Ibrahim ya haifi Musa, Musa ya haifi Maryam. A takarda za su zama Ibrahim Yusuf, Musa Ibrahim, Maryam Musa. Kowane ƙarni suna na biyu ya sauya. Kada wani ya ɗauka wannan tsari na ƙauyawa ne ko na waɗanda ba su waye ba. Ƙasar Ayislan, wadda ba ta rasa komai na zamani ba, a kansa take har gobe: namiji a liƙa "son" a sunan ubansa, mace a liƙa "dóttir". Vigdís Finnbogadóttir, da ta shugabanci ƙasar daga 1980 zuwa 1996, sunanta na biyu cewa kawai yake yi 'yar Finnbogi ce. Tun 1925 dokarsu ta hana ƙirƙiro sabon sunan zuri'a, kuma kundin lambobin wayarsu da sunan farko aka jera shi. Habasha ma haka: firaminista Abiy Ahmed Ali, Ahmed mahaifinsa ne, Ali kakansa. A Malesiya Anwar bin Ibrahim, Ibrahim ubansa ne, shi ya sa jaridun da suka san abin da suke yi Anwar suke kiransa.

Babban ƙarfin wannan hanya shi ne tana faɗin gaskiya. Sunan yana gaya maka ɗan waye, kai tsaye, ba sai ka yi tambaya ba. Kowane uba yana samun rabonsa, ana ambatonsa duk lokacin da aka kira ɗansa, ba a haɗiye shi a cikin sunan wani kakan da ba wanda ya taɓa gani. A cikin babban dangi ma ya fi rarrabewa: 'ya'yan wa da na ƙane in suka ci suna ɗaya, sunan uba ne zai raba su. Ga Musulmi kuma akwai aya ta 5 a Suratul Ahzab da ta ce a kira su da sunan ubanninsu, wadda bayan saukarta aka daina cewa Zaidu ɗan Muhammadu aka koma Zaidu ɗan Harisa.

Rauninta a takarda yake, kuma ba ƙarami ba ne. Dubi mutanen nan huɗu kuma. Ibrahim Yusuf da jikarsa Maryam Musa ba kalma ko ɗaya da ta haɗa su. In gida ko gona na kan sunan Ibrahim Yusuf, Maryam sai ta kawo takardar haihuwarta da ta mahaifinta kafin ta nuna inda ta shigo. Kwamfutocin bankuna da na kamfanonin jiragen sama da ofisoshin jakadanci kuwa an gina su ne a kan tunanin cewa uba da ɗa gurbin ƙarshe ɗaya suke da shi. Musa Ibrahim ya iso gaban jami'in shige da fice riƙe da hannun 'yarsa, ya miƙa fasfo biyu. Jami'in ya buɗe na farko ya ga IBRAHIM a sama, ya buɗe na biyu ya ga MUSA. Ya ɗaga kai ya dubi yarinyar, ya sake duban uban, ya ce a kawo shaidar cewa 'yarsa ce. In takardar haihuwa na cikin jaka, minti biyu an wuce. In an bar ta a gida, to sai yadda hali ya yi. A Ayislan ko Habasha ba wanda zai yi wannan tambaya, domin kowa haka yake. Matsalar tana tasowa ne a inda tsarin nan ya yi karo da ɗayan.

Akwai kuma cunkoso. Al'ummar da ke juya sunaye ashirin ko talatin da take ƙauna, in aka haɗa su bibbiyu, dole a yi ta maimaici. Aji ɗaya sai a samu Muhammad Ibrahim uku, asibiti ɗaya a samu fayil goma masu suna iri ɗaya.

Hanya ta biyu ita ce a tsayar da suna ɗaya. A misalinmu, in aka tsayar da Yusuf, za a samu Ibrahim Yusuf, Musa Yusuf, Maryam Yusuf, har jikokin jikoki. Zare ɗaya ne ya ratsa su duka. Fom ba ya gardama da shi, jami'i ba ya ɗaga kai, mai neman asalinsa bayan shekara ɗari ya san kalmar da zai nema a rajista. In gidan ya yi suna a ilimi ko kasuwanci, yaro yana cin moriyar abin tun kafin ya buɗe baki.

Amma abin da ya ɗauko alheri shi yake ɗauko kishiyarsa. Sunan da ba ya canzawa ba ya mantuwa. A Indiya sunan zuri'a kan tona rukunin da aka haifi mutum a ciki, kuma wannan na cikin dalilan da ake bayarwa na abin da Guru Gobind Singh, jagoran mabiya addinin Sikh, ya yi a 1699, da ya ba mazan mabiyansa suna ɗaya, Singh, wato zaki, mata kuma aka san su da Kaur. Baƙaƙen fatar Amurka da yawa sunan waɗanda suka bautar da kakanninsu suke ɗauke da shi. Malcolm Little, ɗan gwagwarmayar da aka sani da Malcolm X, ya jefar da nasa ya sa harafin X a madadin sunan asalin da aka raba kakanninsa da shi, Cassius Clay kuma ya zama Muhammad Ali a 1964. Ko sarakuna ba su tsira ba: a 1917, ana tsakiyar yaƙi da Jamus, Sarki George na Biyar ya ga sunan gidansa na Jamusanci, Saxe-Coburg-Gotha, ya zama masa kaya, sai ya sauya shi da Windsor, sunan wata fadarsu.

Sannan kada a ɗauka tsayar da suna yana maganin cunkoso. Wani lokaci ma shi yake haifar da shi. Danmak ta kasance a kan sunan uba har dokokin 1828 da 1856 suka tilasta a tsayar. Da yake a lokacin maza da yawa Jens ne ko Niels ko Hans, sai ƙasar ta cika da Jensen da Nielsen da Hansen waɗanda ba su haɗa komai ba. A Koriya ta Kudu, ƙidayar 2015 ta nuna fiye da mutum ɗaya cikin biyar Kim ne, in ka haɗa da Lee da Park sun tasam ma rabin ƙasar. Dole ta sa suke ƙara tambayar garin da reshen zuri'ar ya samo asali kafin su san ko dangi ne. Tailan ta bi ta ɗaya gefen, ta ce kowane gida ya nemi sunan da wani bai ɗauka ba, sai gajerun suka ƙare, waɗanda suka zo daga baya suka ƙare da sunaye masu tsawon da ba sa shiga gurbi. Darasin da na ɗauka daga Danmak shi ne: in za ka tsayar da suna, kada ka tsayar da wanda rabin gari ke amsawa. Tsayar da Muhammad ko Ali ko John a matsayin sunan zuri'a ya ba ka wahalar hanya ta biyu ba tare da ribarta ba. Nemi kakan da sunansa ya ɗan fita daban, ko laƙabin da gidan ya riga ya shahara da shi.

Wani zai ce, ai kiran mutum da sunan kaka ya saɓa wa ayar da aka ambata. Ban ga haka ba, kuma tarihin malamai bai nuna haka ba. Imam Ahmad bin Hanbal, Hanbal kakansa ne, sunan mahaifinsa Muhammad. Imam Shafi'i Muhammad bin Idris ne, Shafi'u wani kakansa ne na can sama. Ibn Khaldun, wanda aka haifa a Tunis a 1332, sunansa Abdurrahman bin Muhammad, Khaldun kuwa kakan kakanni ne da ya shiga Andalus ƙarnoni kafin a haife shi. A ranar Hunaini Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, da kansa ya ce shi ɗan Abdulmuɗɗalib ne, wanda kakansa ne. Abin da aka hana shi ne jingina mutum ga wanda ba asalinsa ba.

Saboda haka ni dai, in aka tambaye ni, gurbi uku zan ce a cika: sunan yaro, sunan mahaifi a tsakiya, tsayayyen sunan zuri'a a ƙarshe. Maryam Musa Yusuf. Rashawa haka suke yi tun tuni. Vladimir Vladimirovich Putin, na tsakiyan cewa yake ɗan Vladimir ne, mace kuma a ce "ovna" ko "evna", kuma kiran mutum da sunansa haɗe da na ubansa shi ne girmamawa a wurinsu. Ƙasashen Larabawa da dama ma sukan rubuta huɗu: mutum, uba, kaka, dangi. Da wannan uba bai ɓace ba, zaren bai tsinke ba. Aibinsa ɗaya: gurbin tsakiya shi ne marar gata. Tikitin jirgi kan yar da shi, katin banki kan mayar da shi harafi ɗaya. Amma gara a rasa shi a kati da a rasa shi a takardar haihuwa. Sharaɗin kawai shi ne a yi wa duk 'ya'yan gida iri ɗaya. Gidan da babba ke amsa sunan kaka, mai bi masa na amsa na uba, auta na amsa sunan gari, sun jawo wa kansu zaryar kotu neman takardar rantsuwa ranar da aka zo rabon gado ko neman biza tare.

Wanda kuwa yake zaune a ƙasar da duk rajistarta a kan sunan uba take, kuma ba ya hango wa 'ya'yansa zama a wata ƙasa, ba abin da zai sa ya wahalar da kansa. Ya bi abin da kowa ke bi.

Sunan wuri fa? Yana da daɗin ji, yana kuma rage cunkoso in garin ƙarami ne. Amma yana faɗin inda kaka ya fito ne, ba inda jika yake ba, kuma duk wanda ya fito garin yana da haƙƙi a kansa daidai da kai, don haka bai tabbatar da dangantaka. A lokacin rikici kuma yakan nuna mutum tun kafin a tambaye shi. Na sana'a da na muƙami sun fi saurin zama fanko. Patel a Indiya asalinsa mai riƙe da ƙauye ne, Wang na Sinawa "sarki" ne, ga shi mutum kusan miliyan ɗari ke amsa shi. Laƙabi kuwa a yi hattara. Malaman hadisi sun ambaci A'amash, mai raunin gani, da A'araj, gurgu, domin da haka aka san su, amma wannan larurar ganewa ce. Ba dalili ba ne na ɗora wa jikoki tawayar kakansu har abada.

Wani abu da ke biyo bayan wannan zaɓi, wanda iyaye ba sa tunawa sai 'ya ta girma, shi ne aure. A tsarin sunan uba maganar ba ta tasowa, domin aure ba ya canza wanda ya haife ka. A'isha 'yar Abubakar ta zauna 'yar Abubakar, Safiyya 'yar Huyayyu ta zauna 'yar Huyayyu. Matan Sin da Koriya ma, duk da tsayayyen suna gare su, ba sa sauyawa. A Japan kuwa doka ta ce ma'aurata su ɗauki suna ɗaya, kotun ƙolinsu ta tabbatar da haka a 2015 da 2021, kuma kusan kullum matar ce ke barin nata. Girka ta yi akasin haka a 1983, ta ce mace ta riƙe sunanta. Mai son ganin inda sauya suna ke kaiwa ya dubi Angela Merkel. Kasner aka haife ta, Merkel sunan mijinta na farko ne da suka rabu a 1982, kuma da shi ta mulki Jamus shekara 16. Shawarata ga mace mai takardun makaranta da na aiki ita ce ta bar su yadda suke. Sifaniyawa sun samo wata mafita ta daban, yaro ya ɗauki sunan zuri'ar uba da ta uwa duka biyu, kuma tun 1999 iyaye na iya zaɓar wanda zai zo gaba. Da sunan uwarsa duniya ta san shahararren mai zanen nan Picasso, na ubansa Ruiz ne. Tsari ne mai adalci, sai dai a wajen ƙasashensu kwamfuta kan ɗauki na farkon a matsayin sunan tsakiya ta yar.

Kada dai a bar gurbin a wofi. Sukarno da Suharto sun mulki Indunusiya da suna ɗai-ɗai ba abin da ya same su, amma talaka mai suna ɗaya da ya nemi bizar Amurka, sai a mayar da sunansa na zuri'a, a gurbin farko a rubuta masa FNU, alamar ba a san sunansa na farko ba, kuma haruffan nan uku su yi ta binsa a takardu kamar sunan yanka.

Yanzu sai gurbin farko, wanda na ce ba ya ba da wahala. Ba ya ba da wahala a ofis ne, amma a gida akan yi ta ja-in-ja, kuma in ka saurara da kyau gardamar ɗaya ce: a zaɓi suna don ma'anarsa, ko don wanda ya taɓa amsa shi?

Masu bin ma'ana suna da hujja. Annabi ya sauya sunaye saboda ma'anarsu: wata mai suna Asiya da harafin sadi, wato mai saɓo, ya mayar da ita Jamila, Barra kuma ta koma Zainab. Kakan Sa'idu bin Musayyib sunansa Haznu, wato ƙasa mai tauri da gargada. Annabi ya ce masa ya zama Sahlu, mai sauƙi, ya ce ba zai canza sunan da ubansa ya sa masa ba, Sa'idu kuma ya ce tun daga nan tsanani bai bar gidansu ba. Ya kuma tabbata a hadisi cewa mafi soyuwar sunaye a wurin Allah su ne Abdullahi da Abdurrahman, waɗanda ma'anarsu a fili take.

Sai dai in ma'ana kaɗai za a bi, da sunaye da yawa da ake ji da su ba su kai labari ba. Khadija asalinta wadda aka haifa kafin watanninta su cika. Faɗima daga yaye take. Usman ɗan tsakon tuje ne, Bakar ɗin da ke cikin Abubakar kuwa saurayin raƙumi. Abbas mai murtuke fuska. A wajen Turawa Paul "ƙarami" ne, George manomi, Philip mai son dawaki, Cecilia kuma ana danganta ta da makanta. Ba uban da ke sa wa 'yarsa Khadija yana tunanin watannin ciki. Matar da ta amsa sunan ita ta cika shi, har ma'anar farko ta nutse. Haka abin yake ta ɗaya fuskar. Adolf tsohon suna ne na Jamusawa mai nufin kerkeci mai daraja, ba aibi a cikinsa, amma bayan 1945 mutum ɗaya, wato Hitler, ya sa iyaye suka guje shi. Alexa ma lafiya lau yake har Amazon ta sa wa na'urarta mai amsa umarni sunan a 2014, daga nan masu sa wa 'ya'yansu suka yi ta raguwa.

Abin da wannan ke nuna mini shi ne takwara ta fi ƙamus nauyi. Ma'ana aikinta tacewa: a duba ta don kada a ɗauko abin kunya ko abin da ya saɓa wa aƙidar gidan, musamman in sunan daga harshen da ba a ji ba ne aka tsinto shi don daɗin sautinsa. In ya wuce wannan, to tambayar da ta fi amfani ita ce wa yaron zai tarar a bayan sunansa ranar da ya tambaya. Sunayen annabawa sun haɗa biyun: Isma'il a asalin Ibrananci "Allah ya ji", Ishaƙ "ya yi dariya", Yusuf "ya ƙara", Dawud "abin ƙauna", ga kuma mutanen da suka amsa su. Farashinsu shi ne yawa. Sunan Muhammad shi ya zo na ɗaya cikin jarirai maza a Ingila da Wales a 2023, balle a ƙasashen Musulmi. Wanda ya zaɓi irin wannan suna, shi ya fi kowa bukatar sunan ƙarshe da ya fita daban.

Akwai sunayen da ke adana yanayin haihuwa. A wurin ƙabilar Akan ta Gana, Kofi namiji ne da aka haifa Juma'a, Kwame na Asabar, Atta kuma tagwaye, don haka sunan Kofi Atta Annan rabin takardar haihuwa ne. Mutanen tsibirin Bali na jera 'ya'ya Wayan, Made, Nyoman, Ketut, na biyar a sake komawa Wayan. Suna da daɗi, suna da tarihi, amma ba sa rarrabewa, tunda kwanakin mako bakwai ne kawai. Sun fi dacewa su raka wani suna. Ƙirƙirarren suna da ba a taɓa ji ba kuwa, uba ne ke jin daɗinsa rana ɗaya, ɗa ya yi ta maimaita harrufansa a gaban kowane teburi. Wasu ƙasashen ma ba sa bari. Faransa ta taƙaita iyaye da doka daga 1803 har 1993, Ayislan na da kwamitin tantance sunaye tun 1991, Niyu Zilan kuma kan ƙi sunayen da suka yi kama da muƙami, irin su King da Justice.

Duk wanda aka zaɓa, saura rubutu, kuma a nan aka fi yin asara. Muhammad, Mohammed, Mohamed, Muhammed: a kunne ɗaya ne, a kwamfuta mutum huɗu ne. A zaɓi ɗaya ranar farko, a rubuta shi a takarda a miƙa wa ma'aikaci ya kwafa, kada a bar shi ya rubuta yadda ya ji, sannan a karanta abin da ya buga kafin a bar wurin. Sunayen da suka fara da Abdul a haɗe su wuri ɗaya. Abdurrahman suna ɗaya ne, in aka raba shi biyu sai wani ofishi ya sa Abdul a gurbin farko, Rahman a gurbin zuri'a, a wayi gari an ba yaro rabin suna, an kuma ba gidansu sunan Allah. A kuma lura da tsawo. Layukan nan biyu da ke ƙasan shafin hoto a fasfo, waɗanda na'ura ke karantawa, kowanne gurbi 44 ne, kuma 39 kacal aka ware wa suna gaba ɗayansa, har da alamomin da ke raba kalma da kalma. Abin da ya haura haka yanke shi ake yi, kuma da yake sunan zuri'a ake fara rubutawa a layin, wutsiyar da ake yankewa ta sunan tsakiya ce.